Waiwaye: Shari'ar Kudirat Da Neman Sallama Kafin Kariya

A ranar 4 ga Yunin 1996 aka harbe Hajiya Kudirat Abiola a Legas. Cikin waɗanda aka gurfanar a 1999 kan kisan akwai Muhammad, ɗan marigayi Janar Sani Abacha, da Manjo Hamza Al-Mustapha, babban jami'in tsaron Janar ɗin. Kowannensu ya nemi kotu ta sallame shi ba tare da ya kare kansa ba, amma inda suka ƙare ya sha bamban.

Muhammad bai jira a kira shaida ko ɗaya ba. Lauyoyinsa suka roƙi Babbar Kotun Legas ta soke tuhumar, suka ce a cikin bayanan da masu gabatar da ƙara suka haɗa babu abin da ya ɗaure shi da kisan. Kotu ta ƙi, Kotun Ɗaukaka Ƙara ma ta ƙi. Sai a Yulin 2002 Kotun Ƙoli, alƙalai huɗu suka rinjayi ɗaya, ta soke tuhumar.

Mutane da yawa ba su gane abin da kotun sama ke dubawa a wannan gaɓa ba. Ba ta tambayar ko mutum ya aikata. Ba ta auna wane shaida ne mai gaskiya, wane ne maƙaryaci, domin wannan aikin alƙalin da ya saurare su ne, kuma sai a ƙarshen shari'a. Tambayarta ɗaya ce: in an ɗauka duk abin da masu ƙara suka kawo gaskiya ne, akwai abin da ya wajaba wanda ake tuhuma ya ba da amsa a kai? In akwai, ko da kaɗan ne, ya koma ya kare kansa. In zato ne kawai, to Bahaushe ya riga ya ce zato zunubi ne ko da ya zama gaskiya.

Al-Mustapha kuwa sai a 2011, bayan masu ƙara sun rufe shaida, ya ce babu tuhumar da zai amsa. Mai Shari'a Mojisola Dada ta sallami Rabo Lawal, ɗaya daga cikin waɗanda ake tuhuma, ta umarci Al-Mustapha da abokin tuhumarsa Lateef Shofolahan su kare kansu. A Janairun 2012 ta yanke musu hukuncin rataya. A Yulin 2013 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta wanke su, ganin manyan shaidun gwamnati sun janye maganganunsu. Lokacin Al-Mustapha ya kusa shekara 15 a tsare, iyalan Kudirat kuma ba su ga an hukunta kowa ba. Wannan na ci mini rai ta kowane ɓangare.

Gaskiya ce masu hali sun mai da irin ɗaukaka ƙarar da Muhammad ya yi hanyar ɓata lokaci, a dakatar da shari'a shekara da shekaru har shaidu su gaji ko su mutu. Shi ya sa dokar gudanar da shari'ar laifuka ta 2015, a sashe na 306, ta hana dakatarwa. Da Olisa Metuh, tsohon kakakin PDP, ya nemi a tsayar da shari'arsa ta naira miliyan 400 bayan an ƙi sallamarsa, Kotun Ƙoli ta hana shi a 2017.

Ina goyon bayan wannan gyara, amma mu san abin da ya jawo: nauyin ya koma kan alƙalin farko. In ya ce "ka kare kanka" alhali shaida ba ta kai ba, shari'a na iya ƙarewa kafin na sama su waiwayo. Mafi yawan mutanen da ke gidajen gyaran hali a Najeriya masu jiran shari'a ne, da yawansu ba su da lauyan da zai tashi ya nemi sallamar, balle kuɗin kai ƙara Abuja. Dokar ta 2015 ta ba alƙali ikon sallamar mutum da kansa, ko ba a roƙa ba, in ya ga shaida ba ta ɗaure shi ba. Wannan iko nake son in ga alƙalanmu suna amfani da shi.