Garin da ke zubowa daga azara

Kowace shekara idan damana ta yi nisa, ruwa ya kwana yana zuba, sai a ji labarin ɗakunan da suka rufta bisa masu su, a birni da ƙauye. Abin da aka saba faɗi shi ne ruwa ya yi yawa. Gaskiya ne ruwa yana kada gini, musamman wanda aka kafa bisa magudana. Amma cikin ɗakunan da rufinsu ke faɗowa alhali bango yana tsaye, akwai waɗanda ruwa bai yi masu komi ba sai ƙarasa aikin da wani ya fara tun da rani. Mai wannan aiki kuwa ƙwaro ne, wani ma bai kai ƙwayar shinkafa ba, wanda ya shekara yana cin azara daga ciki, yana zubo da shaidarshi ƙasa, uwargida tana share ta kowace safiya.

Shaidar nan gari ce mai laushi, fari ko mai ruwan ƙasa, da ake tararwa bisa tabarma, ko bisa akwati, ko a gindin ƙafar gado. Wanda ya ɗaga kai ya duba iccen da ke bisa wurin zai ga ƙananan ramu, kamar an bi shi da basilla. Mutane da yawa sukan ce gara ce, su nufi gindin bango suna neman shuri. Ba ita ba ce. Gara tana tasowa daga ƙasa, tana gina hanyarta da laka bisa jikin icce, kuma ba ta barin gari busasshe. Ƙwaron icce shi da fiffike yake zuwa, ko kuma a shigo da shi gida cikin iccen kanshi. Bambanta su ba ƙaramin abu ba ne, domin wanda ya zuba magani a gindin bango saboda gara, alhali ƙwaro ne ke cikin azara, ya yi asarar kuɗinshi, ɓarna kuwa tana nan tana ci gaba bisa kanshi.

Ƙwarin nan iri-iri ne. Akwai ƙarami ja-ja, wanda masana ke kira Lyctus, raminshi bai wuce milimeta 1 zuwa 2 ba, garinshi kuwa kamar fulawa yake. Akwai dangin da suka fi shi girma, baƙaƙe, masu jiki kamar guntun kara, kansu a sunkuye ƙarƙashin ƙirji. Raminsu ya fi faɗi, garinsu ya fi kaushi. Akwai kuma masu dogayen ƙahoni, waɗanda tsutsarsu ke da kauri, har akan ji ƙarar cinta idan dare ya yi tsit. Duk da haka hanyar rayuwarsu kusan ɗaya ce. Mace ta sa ƙwai cikin icce ko ƙarƙashin ɓawo, tsutsa ta ƙyanƙyashe ta yi ta ci a ɓoye, watanni ko shekara, sa'annan ta zama ƙwaro ta huda ta fita. Ke nan yawancin ramun da ido ke gani ƙofofin fita ne. Ranar da maigida ya fara ganinsu, ɓarna ta riga ta daɗe.

To, me tsutsar ke nema cikin icce? A nan ne maganar take. Kowane icce yana da jiki biyu: zuciya, wadda ke tsakiya, mai tauri da duhun launi, da kuma farin jiki da ke tsakanin zuciya da ɓawo. Cikin farin jikin nan ne icce ke tara abincinshi, wani abu mai kama da garin rogo, wanda ake kira sitaci. Shi ne abincin ƙananan ƙwarin. Iccen da ba shi da sitaci isasshe, Lyctus ba ta ko sa ƙwai cikinshi. Saboda haka tsohon icce mai babbar zuciya yakan tsira, ɗanyen sanda kuwa, wanda kusan dukanshi farin jiki ne, akushi ne aka aje ma ƙwaro.

Wannan shi ya sa ciwon ya fi na zamanin kakanni. Magina na da sun san azarar giginya, musamman ta namiji, wadda ake tsagawa daga bayan kututture inda ya fi tauri. Akwai soraye a tsohon birnin Damagaram da azararsu ta ga jikoki. Amma giginya ba ta girma da sauri, sai ta yi shekaru gommai kafin ta isa sara, kuma abin da ya rage nata mai yawa, kamar na Dallol Mawuri wajen Gaya, yana ƙarƙashin tsaron doka, haka kuma ya kamata. Mai ƙaramin ƙarfi ya koma ga sandunan bedi da na turare. Ba laifin itatuwan nan ba ne. Zuciyar bedi tana da juriya ƙwarai. Laifin yana ga yadda ake yi da su. A sare su suna ƙanana, a loda ma amalanke da ɓawonsu, jibi a ɗora su bisa bango a zuba ƙasa. Haka ma farin katako da ake shigowa da shi daga ƙasashen bakin teku, wanda kafintoci ke so saboda arha da sauƙin aiki: yana cikin katakan da ƙwaron nan ya fi ƙauna, jan katako ya fi shi daɗewa nesa ba kusa ba.

Maganin da ya fi kowane arha ana yin shi ne tun icce bai hau bango ba. A ɓare ɓawo da zarar an sare, domin ƙarƙashinshi ne ƙwari da dama ke fakewa. Inda akwai tabki ko gulbi, a nutsar da sandunan cikin ruwa wata ɗaya ko biyu, a danne su da duwatsu. Ruwa yana rage sitacin nan, sai tsutsa ta rasa abin ci. Dabara ce tsohuwa, gaggawa ce ta kashe ta. Bayan haka a shanya su cikin inuwa, bisa wani abu, kada su taɓa ƙasa, iska tana ratsa su har su bushe sarai. Hayaƙi ma yana taimako, kowa ya ga yadda azarar madafa, wadda ta yi baƙi ƙirin, ke daɗewa fiye da ta ɗakin kwana. Inda ake samun gishirin nan da ake kira boraks, jiƙa ɗanyen icce cikin ruwanshi yana tsare shi sosai, sai dai ruwan sama yana wanke shi, don haka iccen cikin ɗaki ne ya dace da shi. Mai sayen azara a kasuwa kuwa, ya juya ta, ya buga ta da ƙasa. In gari ya zubo ya bar ta, komi arharta.

Ga ɗakin da aka riga aka rufe, lokacin bincike shi ne watan Afirilu ko Mayu, kafin ƙasar rufi ta sha ruwa ta yi nauyi. A share ɗaki, a shimfiɗa baƙin ƙyalle ƙarƙashin azarar da ake tuhuma, a duba bayan kwana biyu ko ukku. Sabon gari yana nuna akwai mai rai a ciki. Sabon rami bakinshi fari ne, tsoho ya yi duhu. A ƙwanƙwasa icce da ƙarfe, a soka mashi wuƙa, musamman bakin da ya shige bango, inda ido ba ya kaiwa. Idan wuƙa ta nutse ba wuya, azarar ta mutu ko da bayanta yana da kyau. Sai a tokare ta nan take, a fitar da masu kwana daga ƙarƙashinta, a canza ta. Wadda aka cire a ƙone ta cikin murhu cikin kwanakin nan. Jingine ta bayan ɗaki, da niyyar wata rana za ta yi amfani, daidai yake da kiwon ƙwaro ma sabuwar.

Ƙananan kaya, kamar kujera, ƙotar hauya, muciya ko allo, rana ta ishe su. Dokar duniya ta 2002 game da katakon ɗaure kayan fatauci ta tsaida cewa zafin digiri 56, idan ya kai tsakiyar icce ya yi minti 30, yana kashe ƙwarin da ke ciki. A naɗe kaya cikin leda a aje su tsakar gida kwana da kwanaki cikin zafin bazara, ana juya su. Ƙasar nan dai ba ta rasa rana ba.

Wajibi ne a yi kashedi game da guba. Feshi bisa bayan icce ba ya kai ga tsutsar da ke can ciki, amma yana kai ga huhun yaran da ke kwana ɗakin. Magungunan da aka sani a da, irin su diyeldirin da lindan, an hana su: na farko cikin yarjejeniyar Sitokolm ta 2001, na biyu aka ƙara shi a 2009. Duk wanda ya kawo su da sunan maganin katako, haramtaccen kaya ya kawo. Haka kwalaben fiya-fiya marasa suna da ake tallarsu ranar kasuwa. Abin da ya fi su haɗari shi ne ƙwayar nan ta Phostoxin da ake sa ma buhunan wake. Iskar da take fitarwa tana kashe mutum kamar yadda take kashe ƙwaro, tana kuma bi ta tsagar bango zuwa ɗakin maƙwabci. Ba ta da wuri a gidan da mutane ke kwana. Mai bukatar magani ya je ga ma'aikatan kiyaye tsirrai na jaharshi, su nuna mashi wanda kwamitin ƙasashen Sahel mai kula da magungunan ƙwari ya yarda da shi.

A garka kuma da wani babban baƙin ƙwaro daga dangin nan, mai suna Apate, tsawonshi ya kai santimeta 1 zuwa 2, wani ya fi. Shi babban ne ke huda reshen mangwaro, lemu, gwaba ko dabino yana ɗanye, ya bar gari da ƙaro a bakin rami, sai iskar farkon damana ta karya reshen. Tsutsarshi kuwa cikin mataccen icce take girma. Wato tsibin iccen wuta da ruɓaɓɓen shinge da ke gefen garka su ne gidanta. Ya fi kama iccen da ƙishirwa ta raunana. Ban ruwa kan lokaci, da sare busassun rassa a ƙone, da zura waya cikin rami a kashe na ciki, sun fi feshi amfani.

Rumbu ma bai kuɓuta ba. Wani ɗan uwan ƙwarin nan, wanda asalinshi Amurka ta Tsakiya ne, ya ɓulla Tanzaniya ƙarshen shekarun 1970, aka gan shi Togo a 1984, cikin shekarun 1990 kuma aka same shi a Nijar. Yana huda icce ya ɓoye, yana maida masara da busasshen rogo gari. Kafin a zuba sabon amfani, a share rumbu, a duba itatuwan da ke ɗauke da shi, a canza waɗanda suka huje.

Magabata su ma da nasu rabon aikin. Tun 1975 ranar 3 ga Agusta ta zama ranar dashen itatuwa. A shekarar nan aka fara layukan bedi masu tare iska a kwarin Majiya, jahar Tawa. A watan Mayu na 1984 aka yi babban taron Maraɗi kan yaƙi da hamada. An yi magana mai yawa, kuma mai kyau, bisa dashe. Wadda ba a cika yi ba ita ce ta tsawon ran iccen da aka riga aka sare. Lissafin kuwa ba shi da wuya: idan azarar da za ta iya shekara 20 ta mutu cikin 4, sau biyar za a koma daji saboda ɗaki guda. Malamin gona ko na gandun daji da ya koya ma gari guda ɓare ɓawo da jiƙa sanduna ya tsirar da itatuwan da ba a sha wahalar ban ruwansu ba.

Akwai ma hanyar da ba ta bukatar azara ko ɗaya. A 1980, a Shikal wajen Filinge, ƙungiyar Development Workshop ta fara koya ma magina rufin tulluwa da tubalin ƙasa zalla, daga baya aikin ya bazu wasu jahohi da ƙasashe maƙwabta. Ba kowane magini ke iya shi ba sai wanda aka horar, kuma yaɓenshi yana son kulawa kafin kowace damana. Amma ƙwaro ba ya samun abin ci a ciki.

Saura kayan gwamnati. Teburan lakkol, ƙofofin asibiti da kabad na ma'aikatu da kuɗin talakawa ake sayensu, kuma da yawansu da farin katako ake yin su. Ya kamata takardar kwangila ta faɗi irin katakon da za a yi aiki da shi da maganin da aka sa mashi, mai karɓar kaya kuma ya juya tebur ya duba ƙarƙashinshi kafin ya sa hannu. Azuzuwan yaƙi da jahilci da gidajen rediyon karkara suna iya ɗaukar darasin binciken azara cikin watan Maris, domin magidanta su samu sararin neman sanduna, su jiƙa su, su busar da su kafin hadarin farko.