Tseren Motoci: Abin da Ya Bayar da Abin da Ya Karɓe

Da aka gama Yaƙin Duniya na Biyu, Ingila ta wayi gari da filayen jiragen soja barkatai waɗanda ba su da sauran aiki. A 1948 aka mai da biyu daga cikinsu, Silverstone da Goodwood, fagen tseren motoci. A irin waɗannan fagage ne Stirling Moss, haifaffen 1929, ya yi suna: ya shiga tsere 529, ya ci 212. Har a 1974 ya shiga wata doguwar gasa da ta tashi daga Landan, ta ratsa Sahara da Nijar, ta juya a Kano, sai dai shi tafiyarsa a hamadar Aljeriya ta tsaya. Matasan Madarunfa da ke jin daɗin murɗa babur a hanyar Maraɗi zuwa Ɗan Isa, ya dace su auna ribar wannan sana'a da hasararta.

Fa'idodi

Ta farko, fagen tsere wurin gwajin ƙira ne. Birkin faifai, wanda yau yake jikin yawancin motocin da ke tasha, a tsere ya nuna amfaninsa. Moss ya ci gasar Reims a Faransa a 1952 da motar Jaguar mai irin wannan birki, a 1953 kuma Jaguar ta ci gasar awa 24 ta Le Mans da wannan birki. Daga nan masu ƙera motocin gida suka karɓa.

Ta biyu, gudun ƙwararre shiri ne. A 1955 Moss ya ci gasar Mille Miglia a Italiya, tafiyar kusan kilomita 1,600 cikin awa 10 da minti 7. Kafin ranar, shi da abokin tafiyarsa Denis Jenkinson sun bi hanyar, sun rubuta kowace kwana da kowane gangare a doguwar takarda. Bayansu kuma akwai makanikai da suka duba kowane noti.

Ta uku, akwai darasin mutunci. A 1958 a Fotugal, aka so soke sakamakon abokin hamayyarsa Mike Hawthorn, sai Moss ya tsaya ya ba da shaida don kare shi. Ƙarshen shekara Hawthorn ya ɗauki kambun duniya da ratar maki ɗaya tak a kan Moss, wanda har ya bar tsere bai taɓa ɗaukar kambun ba.

Nijar ma ta ɗanɗani tata ribar. Gasar Paris-Dakar, wadda Thierry Sabine ya kafa, ta bi ta Agadas da Yamai tun zagayenta na farko a Janairun 1979. Duniya ta san hamadar Tenere, baƙi suka yi ta zuwa, masu ja-gora da direbobi da masu otal suka sami abin yi.

Illoli

Babbar illa ita ce rai. A 1958 kaɗai Ingila ta rasa direbobin tsere Peter Collins a Jamus, da Stuart Lewis-Evans wanda ya ƙone a gasar Kasablanka. Shi kansa Moss ya yi hatsari a Goodwood a Afrilun 1962, ya yi wata guda bai san inda yake ba, ɓarin jikinsa ya shanye na tsawon watanni, ya bar babbar gasa yana ɗan shekara 32.

Abin da ya fi ciwo shi ne mutuwar wanda bai shiga tseren ba. Direba ya san abin da ya saya, ɗan kallo kuwa bai sa hannu a komai ba. Ran 11 ga Yuni 1955 a Le Mans, motar Pierre Levegh ta tashi sama ta tarwatse cikin jama'a, mutum sama da 80 suka mutu. A 1988 wata motar gasar Dakar ta kashe yarinya ƴar shekara 10 a garin Kita na Mali.

Ribar kuma ba ta daɗe a hannun masu masauki ba. A 2000 aka kwashe motocin gasar Dakar ta jirgin sama daga Yamai zuwa Libiya saboda barazanar tsaro, daga 2009 ta bar Afirka baki ɗaya.

Sai illar kwaikwayo. Hawthorn ya tsira daga fagen tsere, amma a Janairun 1959, wata uku bayan kambunsa, ya mutu yana gudu a titin jama'a kusa da Guildford, yana da shekara 29. In gwanin duniya bai tsira ba, ina ga yaron da ya koyi babur bara?

A ma'auni

Alherin da tsere ya kawo ya fito ne daga shiri, da doka, da gyaran kuskure bayan kowace gawa. Sharrinsa ya fi yawa inda gudu ya haɗu da jama'a. Hanyoyinmu na amalanken shanu ne, da mata masu talla, da yara ƴan makaranta. Sauri kan haifi nawa. Ɗan kabu-kabun da ke son koyi da Moss ya fara da duba birkinsa kowace safiya, ya sa hular kwano, ya rage wuta a bakin kasuwa. Masu gari da ƙungiyoyin direbobi kuma su hana tseren samari a titi ranar biki, tun kafin a kai wani makabarta.