A Saurari Mai Tsaron Magaza Kafin a Karɓe Masa Makulli

Ƴan'uwa makiyaya da ƴan kasuwar bisashe, akwai wata ɗabi'a da ta shigo cikin koperatif ɗinmu, kuma mun gaji da yin shiru a kanta. Ana korar ma'aikaci ba tare da an ji ta bakinsa ba.

Ga abin da ya kawo maganar. Wani yaro ya zo ofishinmu, ɗan makiyaya ne, shekara 4 yana tsaron magazar abincin dabbobi ta wata koperatif. Da bazara aka ƙirga kaya, aka ga buhu 12 na dusa da ƙwayar auduga babu su. Ƴan biro suka zauna da dare, su kaɗai. Da safe aka karɓe masa makulli, aka riƙe kuɗinsa na wata 2. Ba a kira shi ba, ba a buɗe kaye a gabansa ba. Kuma kowa a garin ya san makullin magazar biyu ne, ɗayan yana aljihun shugaba, shi ne kuma ya jagoranci zaman. Yanzu duk kasuwa ɓarawo ake ce wa yaron, ko dillali ba ya ba shi riƙon igiya.

Ba mu ce bai ɗauka ba. Mun ce babu wanda ya tambaye shi.

Wasu za su ce muna kare ɓarayi. To, ku duba da kyau. In shi ya sata, zama da shi ba zai ɓoye satar ba, sai dai ya tona ta. In kuwa ba shi ba ne, an kori mai gaskiya, ɓarawo yana nan da makullinsa, baɗi ma za a ci dusarku. Dukiyar wa ke tafiya? Ta mambobi ce, waɗanda galibi suna can wajen kiwo lokacin da ake yanke irin wannan hukunci.

Mu makiyaya ya kamata mu fi kowa jin zafin abin nan. Sau nawa aka kama mana shanu da sunan ɓarnar gona, aka yanka tara tun mai shanun bai iso ba? Shekara da shekaru muna kuka a kan haka. Ashe da muka samu ɗan iko, sai mu yi wa ɗanmu abin da ake yi mana? Malamai suna ba mu labarin Annabi Dawuda, alaihis salam, da mutum biyu da suka zo masa, ɗaya mai tunkiya 99, ɗaya mai tunkiya guda. Masu tafsiri da yawa sun ce abin da ya nemi gafara a kai shi ne ya yi hukunci bayan ya ji ɓangare ɗaya.

Doka ma ba ta bar mu haka ba. Yarjejeniya mai lamba 158 ta ƙungiyar ƙwadago ta duniya, OIT, wadda aka yi a 1982, Nijar ta amince da ita a 1985. Ta hana a kori ma'aikaci saboda zargin laifi kafin a ba shi damar kare kansa. Dokar OHADA ta koperatif, wadda aka zartar a Lome a 2010, ta tilasta a kafa kwamitin sa ido, daban da masu gudanarwa. A wurare da yawa kwamitin nan suna ne kawai a takarda, ƙanen shugaba da surukinsa. Kuma koperatif da ta ɗauki mutum aiki tana biyansa albashi, dokar ƙwadago ta hau kanta kamar kowane kamfani. Sai dai sufeton ƙwadago yana birni, yaron da aka riƙe wa albashi da me zai shiga mota?

Shi ya sa muke son a gyara abin daga gida. A rubuta cikin dokokin kowace koperatif cewa za a karanta wa ma'aikaci zargin da harshen da yake ji, Hausa ko Fulatanci ko Tamashek, ba takardar Faransanci a ce ya dangwala ba. A ba shi kwanaki ya shirya, ya zo da shaidarsa. Wanda ya yi ƙara, ko mai riƙe da makulli na biyu, ya tashi daga kujerar hukunci.

Mun rubuta wa biron waccan koperatif muna neman a sake zama, da yaron a wurin, da kaye a buɗe. Ku kuma, idan kun sauko bayan damina aka kira babban taro, ku ce a karanto muku dokokin da ƙarfi, ku ji ko akwai wannan magana a ciki.