Wa Ya Hau Dutsen?

'Yan'uwa ɗalibai, ran 29 ga Mayu 1953 mutum biyu suka taka ƙololuwar Dutsen Ebaras: Edmund Hillary da Tenzing Norgay. Sarauniyar Ingila ta naɗa wa Hillary sarauta, Tenzing kuwa aka sallame shi da lambar yabo. Mun sha la'antar wannan a zauren muhawara, muna cewa halin 'yan mulkin mallaka ne. To, mu fa?

In muka tashi hawan Chappal Waddi a Taraba, dutsen da ya fi kowanne tsawo a Nijeriya, mita 2,419, wa ke gaba? Ɗan jagora. Shi ya san inda ruwa yake, shi ke hura wuta a zango cikin sanyin dare, shi ke tashinmu tun kafin asuba, ga kayanmu a kansa. Da mun sauko sai mu dinga tayin ladansa kamar cinikin goro. A rahoto kuwa ga sunan shugaba, sakatare da ma'aji. Shi "wani ɗan ƙauye" ne.

Haka muke yi wa maharbin Kahu ko makiyayin Rurum in ya nuna mana hanya a duwatsun ƙasar Rano. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi!

Muna kira ga ƙungiyarmu: a yanke lada kafin a tashi, a ba shi bargo da takalmi irin namu, a sa sunansa a farkon rahoto. In ba haka ba, mu daina zagin Turawa.