Na'urar Gyaran Labari: Garin Neman Gira A Rasa Ido

Kwanan baya, a wata muhawara da muka yi a ɗakin kwana bayan an tashi daga lacca, wani ɗan'uwanmu mai karatun injiniya ya kawo wata shawara wadda ta sami karɓuwa fiye da yadda ta cancanta. Cewa ya yi, da ma a ƙera wata na'ura wadda za a zuba wa dukan ƙagaggun labarai, ta riƙe sunan kowane mutum da ke ciki, da shekarunsa, da danginsa, da garin da ya kwana jiya. Duk marubucin da ya zo da abin da ya saɓa wa na baya, sai ta ƙi karɓa har ya gyara. A ganinsa, ta haka ne adabi zai daina zama shirme ya zama ilmi. Na'ura mai wannan iko dai a bakinsa kawai take, amma tunanin da ya haife ta yana nan da ransa, don haka ya wajaba a yi masa raddi tun bai yi jijiya ba.

Ban musa ba cewa sakaci aibi ne. Marubucin da ya kashe mutum a babi na uku, sa'an nan ya manta ya aike shi kasuwa a babi na tara, lalle ya raina mai karatu. Maganin wannan kuwa sananne ne: marubuci ya maimaita karanta abin da ya rubuta, edita kuma ya yi aikin da ake biyansa dominsa. Kai, ko da kuskuren ya kuɓuce, ba ya kashe labari mai rai. A littafin farko na Sherlock Holmes, wanda Arthur Conan Doyle ya fitar a Ingila cikin 1887, a kafaɗa aka harbi Likita Watson a yaƙin Afganistan. A na biyu, cikin 1890, sai ga raunin ya koma ƙafa. Shekara fiye da 130 ke nan mutane na karanta littattafan nan, raunin Watson bai hana kowa ba.

To, bari mu kawo na'urar gida mu gwada ta. Wane Gizo za ta yarda da shi? Yau da dare kakarka za ta ba ka labarin yadda kwaɗayi ya hallaka shi, gobe kuma ga shi ya tashi garau yana yaudarar kura, Ƙoƙi tana gefe. Yadda ake faɗin tatsuniya guda a Kano dabam, a Sakkwato dabam, a Damagaram dabam. Har Frank Edgar, wanda ya buga tatsuniyoyinmu cikin littafi uku tsakanin 1911 da 1913, abin da ya shigo hannunsa kawai ya adana, bai hana wata tsohuwa ta faɗi nata ba. Na'urar kuwa tilas ta zaɓi ruwaya ɗaya ta kira ta daidai, sauran duka ta kira su kuskure. Watau kakanninmu duka sun faɗi jarrabawa, ban da guda ɗaya.

Rubutaccen adabinmu ma ba zai tsira ba. A Ganɗoki, wanda aka buga cikin 1934, Malam Bello Kagara ya faro da yaƙe-yaƙen zuwan Turawa, waɗanda tarihi ya san da su, sa'an nan ya wuce da gwarzonsa ƙasashen aljannu. A wane shafi na'urar za ta tsayar da shi? Alhaji Abubakar Imam kuwa, da ya zauna rubuta Magana Jari Ce a shekarun 1930, ya ɗebo labarai daga Dare Dubu Da Ɗaya, da na Jamusawa, da na Indiya, ya sake musu suna da gari da ɗabi'a, ya sa su a bakin aku. Duk wata sauyawa da ya yi saɓani ce ga asalin labarin. Da na'urar ɗan'uwanmu tana Zariya a lokacin, da ta mayar masa da takardunsa, mu kuwa da mun tashi ba mu san akun nan ba.

Akwai kuma tambayar da ta fi waɗannan duka nauyi, wadda masu shawarar suka tsallake: mabuɗin na'urar yana hannun wa? Ba sai mun yi duba ba, don kuwa an gwada irinta a Amurka. Kamfanin Lucasfilm, mai finafinan Star Wars, ya daɗe yana ajiye wani babban kundi a kwamfuta, inda ake rubuta kowane suna da kowane al'amari na wannan duniya da aka ƙaga, don kada labari ya ci karo da ɗan'uwansa. Cikin 2012 kamfanin Disney ya saye shi. Cikin watan Afrilu na 2014 aka yi sanarwa cewa ɗimbin littattafan da marubuta suka shafe shekaru suna ginawa, masu karatu kuma suka saya da kuɗinsu, ba sa cikin sahihin labarin kuma. Ba don an kama su da kuskure ba, sai don masu dukiya suna bukatar fili su yi sababbin finafinai. Ashe "daidai" shi ne abin da mai kaya ya ce daidai ne.

'Yan'uwana ɗalibai, wannan ne ya sa maganar ta shafe mu. Gobe mu ne malaman makaranta, mu ne ma'aikatan da za su tsara manhaja, su zaɓi littafin da yara za su karanta, su tace wasan da za a sa a rediyo. A ofis ana koya wa mutum cewa kowace magana fayil guda gare ta, kuma wannan daidai ne ga lissafin albashi. Amma ranar da muka ɗauki wannan ɗabi'a muka shiga da ita cikin adabi, mu da kanmu mun zama na'urar. Yaro zai zo aji da tatsuniyar da uwarsa ta ba shi, mu ja mata jan biro don ba haka take a littafi ba. Yaron nan ba zai sake ba da labari ba, kuma a cikin irinsa ne ake samun marubuta.

Don haka ina roƙon ɗan'uwanmu injiniya ya karkata basirarsa wajen na'urar da za ta adana kowace ruwaya da muryar mai ita, ta Kano da ta Damagaram, ba tare da ta yi musu alƙalanci ba. Wannan za mu yi maraba da ita hannu biyu. Amma wadda za ta hana Gizo ya mutu yau ya tashi gobe, a bar ta inda take, a bakin mai ita.