Raddi Ga Masu Cewa Ɗaure Mai Raina Kotu Kan Gona Zalunci Ne

Da zarar hadari ya fara haɗuwa a Karaye da sauran garuruwan Maiyama, Jega da Aliero, sai wata magana ta taso a bakin masu shari'ar gona: wai ruwan sama ba ya jiran alƙali, don haka wanda kotu ta hana taɓa gonar rigima, ya shiga ya yi huɗa, ba shi da laifi, ɗaure shi kuma zalunci ne. Hujjojinsu huɗu ne, ɗaya ce kawai mai nauyi.

Sun ce alƙali ya yi kuskure, kuma sun ɗaukaka ƙara. To, ko da kuskuren gaskiya ne, umarnin kotu yana nan daram har sai ita ko ta sama da ita ta soke shi. Kotun Ƙoli ta tabbatar da haka a shari'ar Rossek da bankin ACB a 1993, sashe na 287 na Tsarin Mulkin 1999 kuma ya ɗora wa hukumomi da kowane mutum zartar da hukuncin kotuna. Ɗaukaka ƙara ita kaɗai ba ta tsayar da hukunci, sai an roƙi dakatarwa an samu. Da kowa zai zama alƙalin alƙalinsa, da mai yawan 'ya'ya da adduna ne zai ci kowace gona.

Hujjar damina ita ce mai nauyin. Manomin da aka hana gona a watan Yuni ya rasa shekara guda, mai albasa a Aliero da dashe ya wuce shi ba ranar zaman kotu da za ta mayar masa da shi, kuma jinkirin kotunanmu abin kunya ne. Amma a duba abin da shigar take yi. Iyakar gona a ƙasar nan jerin gamba ne, ko kuka, ko tsohuwar kunya. Garma ta ratsa sau biyu, gamba ta tafi, ranar da alƙali zai zo ganin wuri babu abin da za a nuna masa. Ga shi fiƙihun Malikiyya yana ba riƙo muhimmanci, har hauzi na shekara 10 yana iya kashe da'awar wanda ya gani ya yi shiru. Mai shiga da ƙarfi ya san haka, shaida yake ƙerawa. Wanda tsoron asara ne ya dame shi da gaske, ya koma gaban alƙalin ya roƙi a sassauta umarnin, a noma gonar, a ajiye amfanin hannun amintacce.

Sun kuma ce ana jefa talaka kurkuku bai san hawa ba bai san sauka ba. A babbar kotu sai an miƙa wa mutum Fom 48 hannu da hannu, mai gargaɗin sakamakon saɓa umarni, sannan Fom 49, mai kiransa ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi, kuma sai an tabbatar da laifin ba tare da shakka ba. Inda aka tsallake waɗannan matakai, ɗaurin ne ɓatacce, a ƙalubalance shi.

Saura cewa gwamnati ma ba ta bin umarni. Haka ne, kuma Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 da ta sa filaye a hannun gwamna ta ƙara wa jami'ai girman kai. Sai dai a 1986, bayan da gwamnatin soja ta Legas ta fitar da Ojukwu daga gida mai lamba 29 Queen's Drive a Ikoyi da mutane ɗauke da makamai, ta kuma ƙi bin umarnin Kotun Ɗaukaka Ƙara na mayar da shi, Kotun Ƙoli ta ƙi biya mata buƙatarta saboda wannan taurin kai. Umarnin kotu, makamin da ake so a karya, shi ne kaɗai talaka ke da shi ranar da sakataren filaye ko shugaban ƙaramar hukuma zai aiko da katafila.

Masarautar Gwandu ce nan, inda Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya yi wa mallakar ƙasa littafi sukutum, *Ta'alimur Radi*. Iyayen ƙasa da hakimai su ci gaba da sulhu, amma su kai yarjejeniyar gaban alƙali a rubuta ta hukunci kafin kowa ya ɗauki fartanya.