Meziko: kufai, ramin wanka da tsohon gari a yini guda, amma ina kuɗin ke kwana?

Kowace safiya, tun kafin rana ta fito, manyan motocin bas masu na'urar sanyi kan yi layi a ƙofar otal-otal na Kankun da Playa del Carmen da Tulum, a gaɓar tekun Karibiyan ta ƙasar Meziko. Kusan duk hanyarsu ɗaya ce. Za su kai baƙi kufan tsohon birnin Chichen Itza na al'ummar Maya, su tsaya a wani ramin ruwa da ake kira senote domin wanka da abincin rana, su ratsa ta garin Valladolid da Turawan Sipaniya suka kafa, sannan su mayar da kowa masaukinsa da dare. Tafiyar kan ci awa 12 ko fiye. Daga Kankun zuwa kufan kimanin kilomita 200 ne, bai kai nisan Maraɗi zuwa Damagaram ba, amma zuwa da dawowa kaɗai kan cinye kusan awa biyar a kan kwalta.

Wannan ziyarar ta yini guda na cikin hajojin da suka fi tafiya a kasuwar yawon buɗe ido ta Meziko, ƙasar da ta karɓi baƙi kimanin miliyan 45 daga waje a 2024. Chichen Itza kaɗai na samun mutum fiye da miliyan 2 a shekara. Hukumar UNESCO ta saka shi cikin kayan tarihin duniya a 1988, kuma tun da aka zaɓe shi cikin sabbin abubuwan al'ajabi bakwai a 2007 cinkoson ya ƙaru. A ƙauyukan da ke kewaye da kufan kuwa, jama'a sun daɗe suna ƙorafin cewa motoci na wucewa ta ƙofar gidajensu cike da mutane, amma abin da ke sauka a hannunsu bai taka kara ya karya ba.

Wanda ke riƙe da agogo

Baƙo kan biya kuɗin tafiyar ne tun yana ƙasarsu ta intanet, ko kuma a teburin dillali cikin otal ɗin da ya sauka. Da yawa daga manyan otal-otal na gaɓar mallakar kamfanonin Sipaniya ne irin su RIU da Barceló da Iberostar, inda kuɗi guda ke ɗauke da kwana da ci da sha. Shafin intanet zai cire la'adarsa, dillali ya cire tasa, kamfanin motoci ya ɗauki nasa. Kafin bas ya tsallaka iyakar jihar Quintana Roo ya shiga jihar Yukatan, inda kufan yake, an riga an raba kaso mafi tsoka.

Saura kuɗin ƙofa. Baƙo ɗan ƙasar waje na biyan fiye da peso 600, kusan jika 20 na CFA ke nan, kuma kuɗin kashi biyu ne: ɗaya na INAH, hukumar tarayya mai kula da kayan tarihi, ɗaya na gwamnatin jihar Yukatan. Dukansu baitulmali suke tafiya. Tafiye-tafiye masu araha sau da yawa ba su haɗa wannan kuɗi cikin farashin da suke tallatawa, sai mutum ya shiga mota ya ji labari.

Abin da ya fi kuɗin ƙofa tasiri shi ne rabon lokaci. A tsarin da aka saba, baƙi kan samu kimanin awa biyu a kufan, awa guda a senote, rabin awa ko ƙasa da haka a Valladolid. Amma ba a rasa lokacin tsayawa a wani babban kantin kayan tsaraba da ke bakin hanya, wanda kamfanin ke da yarjejeniya da shi. Gidan abincin ma an riga an zaɓa. Saboda haka wanda ya tsara inda mota za ta tsaya, da mintin da za ta yi, shi ne ya yanke wanda zai yi ciniki a ranar. Wannan mutumin kuwa a Kankun ofishinsa yake.

Shi ya sa ɗaruruwan masu sana'ar hannu daga Piste da ƙauyukan da ke maƙwabtaka da shi suka kafa teburansu a cikin kufan, a gefen hanyoyin da baƙi ke bi zuwa dalar Kukulkan, ginin nan mai matakala 91 a kowane ɓangarensa huɗu, wanda yanzu aka hana hawa. Suna sayar da sassaƙen katako, rigunan mata masu surfani da usur mai kukan damisa. Baƙi kan yi gunagunin sun cika wuri, masu binciken tarihi na cewa suna ɓata martabarsa, kuma gaskiya ne cewa wasu kayan daga masana'anta suke, ba daga hannun masassaƙi ba. Amma ga wanda ya san cewa baƙo zai fito daga ƙofa ya faɗa mota kai tsaye, cikin kufan ne kaɗai wurin da zai iya haɗa ido da shi.

Rikicin ya fito fili a farkon watan Janairun 2023, lokacin da masu sana'a da ƴan jagora da manoma na Piste da Xcalakoop da San Felipe suka datse hanyoyin shiga na tsawon kwanaki, a tsakiyar lokacin da baƙi suka fi yawa. Sun nemi a sauke daraktan wurin, suna zarginsa da wulaƙanta su. Batun ƙasa ma na ƙarƙashin wannan fushi. A 1894 Edward Thompson, ƙaramin jakadan Amurka, ya sayi gonar da kufan ke ciki, ya yashe senoten da Maya ke tsarkakewa, ya aika kayan da ya tsamo zuwa gidan tarihi na jami'ar Harvard. Daga baya filin ya koma hannun iyalin Barbachano, waɗanda suka fara harkar yawon buɗe ido a yankin, har 2010 da gwamnatin Yukatan ta sayi hekta 83 a kan peso miliyan 220. Fili ya canja hannu sau da dama, bai taɓa biyowa ta hannun mutanen ƙauyukan ba. Ana yawan ba baƙi labarin Maya kamar al'ummar da ta shuɗe, alhali ƙidayar 2020 ta nuna mutum fiye da dubu 700 na magana da harshen Maya na Yukatan, ciki har da masu teburan nan.

Rabin awar Valladolid kuwa ba ta isa a ba da tarihin garin ba. An kafa shi a 1543, bayan shekara biyu aka mayar da shi kan garin Maya mai suna Zaci, aka yi gini da duwatsunsa. A nan ne aka kashe shugaban Maya Manuel Antonio Ay a watan Yulin 1847, kisan da ya kunna tawayen da bai lafa ba sai 1901. Abin da baƙo ke gani shi ne majami'ar San Servacio da gidaje masu fenti kala-kala. Ya ɗauki hoto a dandali, direba ya danna oda.

Ruwan da kowa ke sha

Arewacin tsibirin Yukatan ba shi da kogi a doron ƙasa. Ƙasar dutsen farar ƙasa ce mai huhuje, ruwan sama na tsiyayewa ya taru a koguna da kogwanni na ƙarƙashin ƙasa. Inda rufin kogo ya rufta sai ruwan ya bayyana, shi ne senote, kalmar da ta samo asali daga harshen Maya. Akwai dubbansu. Wanda motoci suka fi tsayawa, Ik Kil, yana ƴan kilomitoci daga kufan, kuma sai an sauka mita 26 kafin a taɓa ruwa. Wuri ne na ƴan kasuwa mai ɗakunan canja kaya da gidan abinci.

Matsalar ita ce ramukan a haɗe suke ta ƙasa, kuma ruwan da baƙo ke wanka a ciki shi ne ruwan shan birane da ƙauyuka. Abin da ya shiga ta wannan rami yana iya ɓullowa a rijiyar wani gari. Wurare da yawa na tilasta wa baƙi su watsa ruwa kafin shiga saboda man kare fata daga rana, amma wannan ƙaramin abu ne idan aka kwatanta da dagwalon birane masu saurin bunƙasa da kashin manyan gonakin aladu. A garin Homun, inda iyalai da dama ke rayuwa da senotensu, yara ƴan Maya sun kai ƙarar wata gona da aka tsara za ta kiwata aladu 49,000. Alƙali ya dakatar da ita a 2018, kotun ƙolin ƙasar ta tabbatar da dakatarwar a 2021. Mutanen Homun sun tsaya tsayin daka ne saboda ramukan nasu ne, kuma daga su suke ci.

Matsin lamba a kan ramukan na ƙaruwa ta wata hanya kuma. Tun shekaru goma da suka wuce wata ciyawar teku mai wari idan ta ruɓe, sargaso, ke mamaye gaɓar Karibiyan a wasu watanni. Duk lokacin da rairayin bakin teku ya ƙi zama, senote ne mafakar baƙi.

Jirgin da aka ce zai gyara rabon

Tsohon shugaban ƙasa Andrés Manuel López Obrador ya amince da wannan ƙorafi na rashin adalci, kuma a kansa ya gina hujjar jirgin ƙasa na Tren Maya: layin dogo mai tsawon kilomita 1,554 da ke zagaya jihohi biyar, da tashoshi a Chichen Itza da Valladolid. Manufar ita ce a janye baƙi daga gaɓa, su shiga cikin ƙasa su kwana, su ci abinci a ƙananan garuruwa. An buɗe sashen farko a watan Disambar 2023, Shugaba Claudia Sheinbaum ta kammala zagayen bayan shekara guda. An fara da ƙiyasin peso biliyan 150, kuɗin ya ninka fiye da sau uku.

A shekarar farko fasinjoji ba su kai 2,000 a rana ba, kuma ƴan ƙasashen waje kaɗan ne a cikinsu. Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Tashar Kankun na kusa da filin jirgin sama, nesa da unguwar otal-otal. Tashar Chichen Itza na buƙatar wata motar kafin a kai ƙofar kufan. Jiragen ba su da yawa a yini. Bas kuwa na ɗaukar mutum a ƙofar masaukinsa, ya haɗa masa wurare uku da abinci. Mai hutun mako guda ba ya wahalar zaɓi.

Abin da jirgin ya sauya tabbas shi ne jerin masu cin gajiyar. Rundunar sojin ƙasar ce ke tafiyar da shi, ita ke da sabbin otal-otal da aka gina kusa da wuraren tarihi, ciki har da na Chichen Itza, da sabon filin jirgin saman Tulum. Wato an ƙara babban ɗan kasuwa guda a harkar, mai kaki. Ƙasa kuma ta biya nata kason: an sare miliyoyin itatuwa duk da alkawarin cewa ko ɗaya ba za a taɓa ba, kuma tsakanin Playa del Carmen da Tulum an kafa dubban turakun ƙarfe da siminti da suka huda rufin kogwannin ruwa. A 2025 ma'aikatar muhalli a ƙarƙashin Alicia Bárcena ta amsa cewa an yi ɓarna, ta yi maganar gyara.

Ba za a ce ziyarar yini guda ba ta da amfani ba. Tana ciyar da direbobi, ƴan jagora, masu girki da masu shara, kuma ta hanyarta ne miliyoyin mutane suka ga abin da Maya suka gina. Akwai kuma wuraren da rabon ya bambanta. A ƙauyen Yokdzonot, ƙasa da kilomita 20 daga Chichen Itza, wata ƙungiyar haɗin gwiwa da mata suka fi yawa a cikinta ta share senoten garin da hannunta, ita ke karɓar kuɗin shiga, ita ke dafa abinci. Kusa da kufan Ek Balam, arewa da Valladolid, mutanen yankin ne ke tafiyar da senoten X'canche. Waɗanda ke zuwa irin waɗannan wurare galibi masu hayar ƙaramar mota ne ko waɗanda suka kwana a Valladolid ko Merida, kuma su ne ke barin kuɗi a gari. Manyan motocin ba kasafai suke karkatowa ba.

A Chichen Itza kansa, gwamnati ta gina sabon gidan tarihi da ta buɗe a 2024, da sabuwar cibiyar karɓar baƙi mai rumfunan kasuwa, inda take son masu sana'a su koma su bar cikin kufan. Da yawansu na ja da baya. Abin da suke son sani kafin su naɗe teburansu shi ne ko baƙo zai bi ta gaban rumfunan, da kuma minti nawa kamfanonin Kankun za su bar shi a wurin kafin mota ta tashi.